Faifan da Inna Ta Goge da Toka

Ni na kai na'urar gem, ta wasan talabijin, gidanmu na Argungu, kuma ba don Baba na kai ta ba, kada in ci ladan da ba nawa ba. Don kaina na kai ta. Lokacin jiharmu ba ta gama tsayawa da ƙafarta ba, wayar hannu ma sai wane da wane, ni kuwa ina ƙaramin ma'aikaci a Birnin Kebbi, ina zaune a wani ɗaki a Gesse. Wani abokin aikina da aka yi wa canjin gari ya bar mini na'urar, baƙa mai kauri, da leda guda cike da faya-fayanta. Kowace Juma'a in an sauko daga masallaci sai in cusa ta a jaka in hau motar gida, domin zaman gidan ya yi mini nauyi a shekarar nan, ina neman abin da zan sa wa ido in huta da kallon mahaifina.

Baba masunci ne tun tasowarsa. Da gora da homa, ragar nan ta kamun kifi, yake shiga ruwa, kuma na sha ganin ya fito rungume da kifin da sai mutum biyu sun kama masa. Wata safiya yana alwala ya faɗi, ɓarin jikinsa na dama ya shanye. Ƙafar ta dawo a hankali, har yana takawa da sanda. Bakin ma ya dawo, da duk faɗan da ke cikinsa. Hannun ne ya ƙi. Likita ya ba shi wata 'yar ƙwallon roba ya ce ya riƙa matsawa kullum, muna isa gida ya wurga ta bayan katanga da hagu, ya ce shi ba jinjiri ba ne.

Wanda bai san Baba ba zai ce ai hannu ɗaya ne, ga ɗayan nan lafiya lau. To, hannun dama ne. Da shi ake gaisawa, da shi ake miƙa abu, da shi ake cin tuwo. Baba ya daina fita zaure don kada a miƙo masa hannu ya rasa na bayarwa. Abokan sana'arsa suka yi ta zuwa ana ce musu yana barci, har suka gaji. Ya hana kowa ganinsa yana cin abinci, har Inna, mahaifiyata, wadda suka haura shekara talatin tare. Sai ta ajiye kwano ta saki labule ta fita. In yana son ba ta wani abu, ko da kwanon da ya gama ne, sai ya ajiye a ƙasa ya tura da sanda, don ya ce bai taɓa miƙa mata abu da hagu ba, ba kuma zai fara da tsufa ba.

A ɗakinsa talabijin take, don haka a nan nake haɗa na'urar, shi yana kwance a bayana ya juya wa duniya baya. Wata Asabar na gaji da gem ɗin ƙwallo, na shiga laluben ledar nan, na ci karo da wani faifai mai hoton mutum da malafa cikin jirgin ruwa. Rubutun jikinsa ba boko ba ne, ba ajami ba, wasu 'yan zane-zane ne kamar sawun kaji. Na sa shi. Ashe kamun kifi ne da fatsa. Na yi ta jefa ƙugiya tsakiyar ruwa ina jawowa babu komai.

Sai na ji murya a bayana: "Wanga wawa bai iya jihwa ba."

Na waiwaya. Baba ya juyo, idonsa a kan talabijin.

"Wa ka neman kihi tsakiyar ruwa da rana tsaka? Jehwa can gindin ciyawa, inda inuwa take."

Na jefa. Ba a jima ba abin riƙewar nan mai maɓallai, wanda muke kira fad, ya hau rawa a hannuna, don haka aka yi shi, in kifi ya ci ƙugiya sai ya yi karkarwa. Kifin ya tsere mini, Baba ya yi tsaki mai tsawo. Ni kuma haushi ya kama ni, na ɗora masa fad ɗin a cinya na ce to ga shi, tunda shi ne gwani. Ya riƙe da hagu, na ɗauko hannun daman na aza a kai don kada abin ya zame. Ya jefa yadda na nuna masa. Muka jira. Da kifi ya ci, sai na ga ya daskare.

"Tsaya," ya ce. "Na ji shi."

"Ai haka yake yi, Baba."

"Ba nan ba." Ya duƙar da kai yana kallon hannun daman. "Nan nij ji shi."

Ranar Lahadi na koma Birnin Kebbi ba na'ura. Na koya wa Inna inda ake kunnawa da inda ake kashewa, shi ke nan.

Abin da ƙwallon likita ta kasa, kifin ƙarya ya yi shi. Jawo kifi a gem ɗin nan sai da babban yatsan dama, a danna a saki, a danna a saki. Da farko Baba yana tsallako da hagu ya danna, kafin ya kai kifi ya tafi. Baƙin cikin kifin da ya kuɓuce ne ya sa ya fara tilasta wa yatsan. Yana yi yana zagin kifin, yana zagin mai malafa, yana cewa fatsa aikin yara ce, namiji da homa aka san shi. Amma in dai akwai wuta, daga Azahar zuwa La'asar yana bakin ruwan nan. Cikin wata huɗu babban yatsan yana motsi, manuni ma ya fara lanƙwasa. Abu guda ya tsana, kiɗan da ke tashi a gem ɗin, wani ɗan kiɗa mai zaƙi da ba ya ƙarewa. In an rage murya kuma ba ya jin ƙarar ruwa, don haka ya haƙura da shi yana mita.

To, ga inda na yi nawa laifin. Wata Juma'a na zo, Baba ya shiga wanka, na ce bari in ɗan buga ƙwallo kafin ya fito. Na cire faifansa na kifa shi a kan talabijin, ba gida ba leda, da hannun da na gama cin soyayyen kifi. Na buga abina, aka ɗauke wuta, na fita wajen abokai na manta.

Inna mace ce da ba ta iya ganin abu mai ƙyalli da datti ta wuce. Kwanoninta na silba har fuska ake gani a ciki, kuma ba da komai take goge su ba sai toka da soso. Da safe ta same ni a tsakar gida. Ni ne ɗan fari, ba ta faɗin sunana, sai ta ce, "Kai, taho ka gani." Ta ja ni bayan rumbu, ta kwance bakin zanenta, ta fito da faifan. Ita da Baba kaset suke ce masa.

"Kaset ɗin ga na gane shi duk maiƙo, sai nis sa mai 'yat toka. Ina gogawa shina ƙara dushewa, sai nib bari."

Na karɓa na juya shi a rana. Gefen da na'ura ke karantawa ya yi fari-fari, zane a kan zane, a zagaye, daidai yadda ake bin gindin kwano. Ina da saurin fushi, kowa ya sani, amma ban taɓa ɗaga wa Inna murya ba sai ranar. Na ce, "Inna, shi ma kwanon tuwo na? Komi kika gani sai kin wanke?" Ta sunkuyar da kai ta ɗaure bakin zanen da babu komai a ciki. Har yau in na tuna sai na ji kunya, don maiƙon da ta gani na yatsuna ne.

Na wanke tokar na share, na sa a na'ura. Ta yi ta ƙiƙ-ƙiƙ tana juyawa, ta ƙi. A karo na uku gem ya buɗe, na ce alhamdu lillahi. Baba ya jefa ƙugiya, kifi ya ci, sai hoto ya tsaya cak, mai malafa ya sandare da sandar fatsa a sama. Muka kashe muka kunna, haka. Muka sake, wannan karon ko buɗewa bai yi ba.

"Mi as same shi?" in ji Baba.

Inna tana bakin ƙofa da tsintsiya. Na ce, "Injin na ya gaji, Baba. Sai na kai shi Birni an duba."

Ya dube ni, ya dubi talabijin, ya ture fad ɗin daga cinyarsa, ya kwanta ya juya wa bango fuska, irin kwanciyar da na yi wata huɗu ban gani ba. Da zan tafi Inna ta biyo ni har zaure, abin da ba ta saba ba. Ta ce, "In ya ƙi gyaruwa, ni ka gaya mai da bakina. Kak ka ɗauki laihin." Na ce mata zai gyaru, alhali ban san ko ta ina ba.

Tunanina na farko shi ne in sayi wani irinsa. Litinin da aka tashi aiki na hau kabu-kabu na zaga duk masu sayar da faya-fayai da na sani. Matsalar ita ce ban san sunan gem ɗin ba, su ma ba su sani ba, don ba mai iya karanta sawun kajin nan. Sai in nuna hoton mai malafa, su juya shi, su yi dariya. Wani ya ce wa zai zauna yana kamun kifi a talabijin ga gulbi nan a bayan gari. Wani ya ce in gwada Sakkwato, in ba a samu ba Kano, in ba a samu ba in haƙura. Duk suka yi ta tura mini na ƙwallo da na dambe. Na ƙarshe ne ya ce, akwai wata mata a unguwar Nassarawa da ke zuba gem a cikin inji, a daina amfani da faifai gaba ɗaya, in je ko Allah zai sa a dace.

Shagon buga takardu ne, ɗan ƙarami, da injin hoto da kwamfuta uku. Mai shi Kirista ce daga wajen Jos, ta daɗe a garin, Hausarta tas. Madam kowa ke ce mata. Na yi tsammanin samun wani saurayi mai sukuddireba a kunne, sai ga mace mai tabarau tana cin gyaɗa. Na miƙa mata faifan. Ta ɗaga shi wajen haske ta daɗe tana kallo.

"Wanda ya yi wannan ya iya wanke-wanke," ta ce.

Ban yi dariya ba. Na ba ta labari duka, har da hannun. Ta ajiye gyaɗar. Ta juya na'urar, ta ɓalle wani murfi a bayanta wanda ban taɓa sanin yana buɗewa ba, ta nuna mini wani rami. Ta ce nan ake sa haddiski, wato ƙarfen nan da kwamfuta ke ajiye komai a cikinsa, mai girman sandar sabulu. In aka kwafe abin da ke cikin faifai aka zuba a ciki, na'ura daga nan za ta riƙa ɗauka, faifai ya je ya huta. Ta ce da tun yana da lafiya na kawo, aikin minti kaɗan ne. Yanzu kuwa sai kwamfuta ta karanta shi daga farko har ƙarshe sau ɗaya tak, kuma sau ɗayan nan shi ne wuyar.

"Zai yiwu, Madam?"

"Malam, ban ce maka zai yiwu ba. Na ce zan gwada."

Ta wanke shi da ruwa da sabulu. Ta ɗauko farin man goge baki da auduga, ta ɗiga kaɗan, ta fara murzawa daga ramin tsakiya zuwa baki, a miƙe, ta ɗaga ta dawo tsakiya. Na ce a raina, ikon Allah, wata gugar ce ta kashe shi, wata kuma ake so ta tashe shi. Ta ce bambancin ke nan, faifai ba a binsa a zagaye, don a zagaye aka rubuta shi, zane ɗaya ya bi layi sai ya shafe abu mai yawa. Ta ɗauraye, ta bari ya bushe, ta sa a sabuwar kwamfutarta. Wani koren layi ya fara tafiya a allo. Ya wuce rabi, ya ɗan ƙara, ya tsaya. Ta sake gogewa, ta sa a ta biyu, ya tsaya a wuri guda. Ni kuwa ina tsaye a kanta, ina huci, ina tambaya kowane minti.

"Ka tafi gida," ta ce. "Kallonka ba ya ƙara masa gudu."

Washegari na dawo na tarar ta jawo wata tsohuwar kwamfuta daga ƙarƙashin tebur, wadda ta yi jaja-jaja don tsufa. Ta ce wannan ba ta da sauri, shi ya sa ba ta da gajen haƙuri, in ta iske wurin da ya lalace sai ta yi ta komawa kansa. Ta dube ni ta saman tabarau da ta faɗi haka, na gane da wa take. Layin ya kai inda yake tsayawa, ya tsaya, kwamfutar tana gurnani. Aka ɗauke wuta da hantsi, komai ya koma farko. Na fita waje na zagi masu wuta har kakanninsu. Madam ta ja janareto, ta sake farawa, ta ci gaba da buga wa mutane takardunsu. Na tafi ofis na zauna ban san me na yi ba ranar, hankalina yana Argungu, ina lissafin kwana nawa yatsa ke yi ba motsi kafin ya koma yadda yake.

Ranar Laraba da La'asar na shiga shagon, sai na ga layin ya cika. Na zauna a kan benci ba a ce in zauna ba. Amma Madam ta ce kada in yi murna tukuna. Akwai wani ɗan yanki da ya ƙi karantuwa duk da naci, kwamfutar ta tsallake shi ta bar wurin fanko. Zai iya zama wani abu ne marar amfani, zai iya zama shi ne ran gem ɗin. Ta zuba a haddiskin, ta cusa shi a ramin, ta sa wani abu a ɗan katin ajiya na na'urar don ta san inda za ta nema. Sauran faya-fayan da ke ledar ma duk ta kwafe su, ta ce ba ta son sake ganina da irin wannan fuskar. Muka haɗa da 'yar talabijin ɗinta, gem ya buɗe, na jefa ƙugiya. Kwata ɗaya na awa ina jefawa, ko kifi ɗaya bai kula ni ba, ga mutane suna jiran takardu. Ta ce, "Kai wa mai abin, shi ya san inda suke."

Ban jira Juma'a ba. Alhamis da safe na nemi izini na hau mota. Na tarar da Baba yadda na bar shi, Inna kuwa ta faɗa kamar ita ce marar lafiyar. Allah ya taimake ni akwai wuta. Na haɗa, na kunna, babu ƙiƙ-ƙiƙ, babu jira, sai ga ruwa ga mai malafa. Baba ya tashi zaune a hankali. Na ɗora masa fad, ya aza hannun daman da kansa. Inna ta tsaya a bakin ƙofa, wannan karon ko tsintsiyar fakewa babu.

Ya jefa gindin ciyawa. Muka zuba wa ruwan ido. Ina addu'ar da ban taɓa zaton zan yi a kan kifin talabijin ba. Fad ya yi rawa. Hoto bai tsaya ba. Babban yatsan ya danna, ya saki, ya danna, da nauyi amma yana yi. Sandar ta lanƙwashe, kifin ya ja, Baba ya ce, "Ƙarya kaka yi, ɗan banza," ya ci gaba da dannawa har mai malafa ya ɗaga shi sama yana walƙiya. Na saki wata ajiyar zuciya da na riƙe tun Asabar. Wallahi daɗin da na ji bai da misali.

Sai Baba ya karkata kai yana saurare. "Ina kiɗan?"

Sai a lokacin na lura. Ƙarar ruwa tana nan, kukan tsuntsaye yana nan, kiɗan nan mai zaƙi ne babu. Ashe shi ne abin da toka ta cinye. Na fara kame-kamen bayani, ya katse ni.

"Madalla. Dama shi ka korar kihi."

Na yi dariya har da hawaye. Na gaya masa yanzu gem ɗin yana cikin injin, ba a bukatar kaset, ko ya fashe ba ruwanmu. Ya ce in ba shi kaset ɗin ya gani. Na dubi Inna, sannan na fito da shi daga aljihu. Ya karɓa da hagu, ya juya gefen da aka goge, ya kalla. Sai ya kai shi ga hannun dama, ya cusa tsakanin babban yatsa da manuni, ya saki hagun. Faifan yana rawa, amma bai faɗi ba.

"Ke," ya ce.

Inna ta matso.

"Amshi kayanki ki ƙarasa wankin. Ina kwance nij ji sad da kih hwara, bayan taga. Na san ƙarar tokarki ko cikin barci."

Ya ɗaga hannun daga cinyarsa, kamar taƙi ɗaya, ya miƙa mata. Inna ba faifan take kallo ba. Ta durƙusa a gaban gadon ta sa hannu biyu ta karɓa, ta haɗa da yatsun, kuma ba ta sake su da wuri ba. Na tashi na fita tsakar gida na ba su wuri.